Jaririya a cikin akwatin katako

Daren Laraba ina zaune a teburin mai shayin unguwarmu ina jiran a soya mini ƙwai, sai wani saurayi a gefena ya ɗaga wayarsa yana nuna wa abokansa hoton wata tsohuwar Baturiya. An rubuta a ƙasan hoton cewa ita ce ta riƙa fitar da yaran Yahudawa a ɓoye daga hannun sojojin Hitila lokacin Yaƙin Duniya na Biyu. Ya karanta, ya ja tsaki, ya ce, "Kun ga irin waɗannan ne suka ja mana. Da sun bar mutumin nan ya ƙarasa aikinsa, da yau Falasɗinawa suna zaune lafiya."

Biyu suka yi dariya. Ɗaya ya ce, "Wallahi kuwa."

Na ce, "Samari, yara fa ake magana."

Ya ce, "Kawu, ai ɗan maciji maciji ne."

Mai shayi ya miƙo mini ledata, na biya, na kama hanya. Ban ƙara cewa uffan ba, kuma shirun nan nawa ya fi maganar yaron ci mini rai. Shi ya sa na zauna na rubuta wannan.

Ra'ayina a fili yake. Mutanen da suka ɓoye yaran nan sun yi daidai, kuma daidai ɗin nasu ba ya jiran a ga abin da yaran za su zama idan sun girma, ko abin da wata gwamnati za ta aikata bayan shekara tamanin. Duk wanda kukan yaran Gaza ya hana shi barci, shi ya fi cancanta ya gane haka kafin kowa.

Abin da ya faru, a taƙaice

A shekarun yaƙin, daga 1939 zuwa 1945, gwamnatin Nazi ta Jamus da masu taya ta sun kashe Yahudawa kimanin miliyan 6. Wajen miliyan ɗaya da rabi daga cikinsu yara ne. Ba a filin daga aka kashe su ba. Gida-gida aka bi, aka tattara su, aka loda da yawansu a taragun jirgin ƙasa na ɗaukar kaya, aka kai su sansanoni irin su Auschwitz da Treblinka. Ƙaramin yaro ba ya iya aikin ƙarfi, don haka galibi shi ake fara turawa ɗakin iskar guba.

Tsohuwar da ke cikin hoton nan Irena Sendler ce, ma'aikaciyar jin daɗin jama'a a birnin Warso na ƙasar Folan. A Nuwamban 1940 Jamusawa suka zagaye wata unguwa da katanga suka cusa Yahudawa sama da dubu 400 a ciki. Yunwa da zazzaɓin da ƙwarƙwata ke yaɗawa suka shiga kashe su. Jamusawa suna tsoron annobar ta tsallako katanga, shi ya sa masu takardar duba lafiya ke samun shiga. Ta wannan ƙofa Irena da abokan aikinta, yawancinsu mata, suka riƙa fitar da yara.

Ɗaya daga cikin yaran jaririya ce 'yar wata shida, sunanta Elżbieta. A 1942 aka ba ta maganin barci don kada ta yi kuka a bakin ƙofa, aka kwantar da ita cikin akwatin katako, aka ɓoye akwatin a cikin lodin bulo. Abin da iyayenta suka iya sa mata a ciki shi ne cokalin azurfa guda, an zana sunanta da ranar haihuwarta a jiki. Wata ungozoma, Stanisława Bussold, ta karɓe ta ta raine ta a matsayin 'yarta. Uwa da uba ba su fita da rai ba. Cokalin nan shi ne takardar haihuwarta, shi ne kuma gadonta.

Jariri a akwati, azzalumin sarki na yanka yaran Bani Isra'ila, wata mace a ɓangaren masu iko ta ce kada ku kashe shi. Wane ɗan makarantar allo ne bai san wannan ƙissa ba? Tun muna ƙanana ake karanta mana labarin Annabi Musa, alaihis salam, da mahaifiyarsa da ta jefa shi kogi, da Nana Asiya matar Fir'auna. Ban taɓa jin wanda ya ce Asiya ta yi kuskure ba. Fir'auna ne ya yi lissafin abin da jariran za su zama idan sun girma, ya sa wuƙa. Lissafin da saurayin teburin shayi ya yi ke nan, bai sani ba.

"To Falasɗinu fa?"

Nan ne ciwon yake, kuma ba zan kewaye shi ba. Ni ma ina ganin hotunan da ake ciro yara daga ƙarƙashin ɓaraguzan gini a Gaza, ni ma zuciyata tana tafasa. Ba na neman kowa ya rage fushinsa ko da ƙwayar gero.

Amma a duba shekaru. An kafa ƙasar Isra'ila a 1948. An sa Elżbieta cikin akwati a 1942, ko zama ba ta fara ba. Wane ƙauyen Falasɗinawa ta kora? Wane harsashi ta harba? Alƙur'ani ya maimaita mana ba sau ɗaya ba cewa wani rai ba ya ɗaukar nauyin laifin wani. Idan muka yarda a kashe jariri saboda abin da wasu masu addininsa za su yi nan gaba, to mun sa hannu a kan hujjar da mai jefa bom a kan tantin 'yan gudun hijira yake kafawa: ai za su girma su zama abokan gaba. Ba za ka riƙe wannan hujja da hannun dama kana la'antarta da hannun hagu ba.

Sannan masu yi wa Hitila kirari a Facebook, ko sun san yadda yake kallon baƙar fata? A 1937 gwamnatinsa ta tattara ɗaruruwan yaran da sojojin Afirka suka haifa da matan Jamus a yankin kogin Rhine, aka yi musu tiyatar hana haihuwa da ƙarfi. A watan Yunin 1940, da sojojinsa suka kama mayaƙan Faransa a Chasselay kusa da birnin Lyon, sai suka ware Turawa gefe, suka buɗe wa baƙaƙen sojojin Afirka ta Yamma wuta. Da mutumin nan ya "ƙarasa aikinsa", ni da saurayin nan muna cikin jerin, sai dai a ɗan ƙasa.

Wanda ya kashe 'ya'yansa don 'ya'yan wasu

Wannan ita ce sukar da ta fi nauyi, kuma ba daga mugaye take fitowa ba. Wani dattijo da nake girmamawa, da na ba shi labarin, shiru ya yi, sannan ya ce, "Ɗana, iyalinka amana ce a wuyanka. Wa ya ba ka izinin yin caca da ransu?"

Tambayar tana da tushe. A watan Oktoban 1941 gwamnan da Jamus ta naɗa a Folan, Hans Frank, ya kafa dokar kisa a kan duk wanda ya ba Bayahude mafaka. Kuma a aikace ba mai gida kaɗai ake kashewa ba.

A ƙauyen Markowa akwai wani manomi, Józef Ulma, da matarsa Wiktoria. Talakawa ne, gidansu ɗan ƙarami, 'ya'yansu shida, babbar ba ta wuce shekara 8 ba, ga kuma tsohon ciki. Suka ɓoye Yahudawa takwas a saman rufin ɗakinsu, har da ƙaramar yarinya. Wani ya kai tsegumi. Da asubahin 24 ga Maris 1944 'yan sandan Jamus suka zo. Suka harbe baƙin takwas. Suka harbe Józef da Wiktoria a gaban yaran. Yaran suka ɓarke da kuka, sai aka harbe su su ma, su shida.

Ka tsaya a nan ka yi lissafi irin na kasuwa: bai ceci ko mutum ɗaya ba, ya kuma rasa gidansa kaf. Mai cewa tsuntsun da ya ja ruwa shi ruwa kan doka zai ce ga shi nan.

Na juya maganar nan a raina kwana da kwanaki. Ga inda na tsaya.

Da farko, Józef bai kashe 'ya'yansa ba. Wanda ya ɗana bindiga shi ya kashe su, sai wanda ya kai rahoto. Dabarar azzalumi ke nan a ko'ina: ya sa wuƙa a wuyan ɗanka, sannan ya ce kai ne mai laifi idan ka ƙi yi masa biyayya. Ranar da muka karɓi wannan lissafi, mun sauke masa kayan laifinsa mun ɗora wa wanda aka zalunta.

Na biyu, ba na zagin wanda tsoro ya hana shi buɗe ƙofa. Uwar da ta dubi 'ya'yanta biyar ta ce wa mai ƙwanƙwasawa "ka yi haƙuri", ba zan ɗaga mata murya ba, don ban san me zan yi ba da ni ne. Mutumin da ya kasa amsa wa saurayi a teburin shayi, ina shi ina cika baki a gaban bindiga? Amma akwai tazara mai nisa tsakanin "na kasa" da "wanda ya iya wawa ne". Na farko rauni ne irin na ɗan Adam. Na biyu kuwa neman mayar da rauni ya zama hikima ne, don kada lamiri ya dame mu.

Akwai kuma wani abu da ya faru a Markowa wanda ya fi ba ni mamaki. Mutanen ƙauyen sun ji harbin, an ma tilasta wa wasunsu haƙa kabarin. Duk da haka wasu gidaje suka ci gaba da riƙe waɗanda suke ɓoyewa, har Yahudawa kusan ashirin suka ga ƙarshen yaƙin a wannan ƙauye. Waɗannan sun ga farashin da idonsu, ba labari aka ba su ba.

Ɓoye yaro ba ɓoye buhu ba ne

Muna jin "ya ɓoye yara" kamar abu ne na dare ɗaya. Duk wadda ta yi goyo ta san ba haka ba ne. Yaro yana tari. Yana kuka cikin dare. Yana fitsarin kwance, a wanke a shanya, maƙwabciya ta leƙo ta ga ƙaramin wando a igiya a gidan da ta san babu ƙaramin yaro. Abinci da kati ake rabawa, kowane baki da lissafinsa, to wa zai ba ka katin wanda a takarda babu shi a duniya? Sai ka je kanti ka sayi biredi fiye da yadda ka saba, mai kanti ya ɗaga ido ya dube ka.

Sai an koya wa yaro sabon suna, a tashe shi tsakar dare a tambaye shi, don a tabbatar ko cikin magagi ba zai faɗi na gaskiya ba. Yara maza sun fi wuyar ɓoyewa, domin a yawancin ƙasashen Turai na lokacin Yahudawa ne ke yin kaciya. Abin da a wurinmu wanzami ke yi a yi shagali, a can ɗan sanda na iya cewa yaro ya kwance wando, shi ke nan an yanke masa hukunci.

Ga kuma masu farauta. A Holan, a 1943, akwai 'yan ƙasa da ake biya gilda bakwai da rabi, kuɗin ƙasar na lokacin, a kan kowane Bayahuden da suka tono. Bango yana da kunne, kuma kunnen albashi yake karɓa.

Saboda haka yaro ɗaya sai ya ci hannun mutane da yawa: mai fito da shi, mai buga takardar bogi, mai kawo katin abinci, likitan da zai duba shi bai tambayi sunan uba ba, da maƙwabcin da ya gani ya kawar da kai. A Beljiyam wata malamar makaranta, Andrée Geulen, tana da shekara ashirin da 'yan kai, ta ga an tilasta wa ɗalibanta Yahudawa liƙa tauraro mai ruwan ɗorawa a ƙirji. Ta sa duk 'yan ajin su riƙa ɗaura rigar saman da za ta rufe shi. Daga nan ta shiga ƙungiyar ɓoye yara, tana zuwa gidaje tana karɓar yaro daga hannun uwarsa ba tare da ta iya gaya wa uwar inda za ta kai shi ba. A Faransa kuwa, ƙauyen Le Chambon da ƙauyukan da ke kewaye da shi, ƙarƙashin jagorancin fasto André Trocmé da matarsa Magda, kusan gari guda ne ya haɗa baki ya rufa wa dubban mutane asiri.

Masu cewa ai masu ceton sun yi ta yin ƙarya da amfani da jabun takardu, ba zan ɓata lokaci a kansu ba. Malaman fiƙihu sun daɗe da yanke cewa idan azzalumi ya zo neman wanda ya ɓuya don ya kashe shi, ɓoye masa gaskiya wajibi ne.

Ba Kiristoci kaɗai ba

Wani zai ce wannan harkar Turawa ce tsakaninsu, ina ruwanmu. To a Albaniya, ƙasar da mafi yawan mutanenta Musulmi ne, akwai al'adar da suke kira besa, wato alƙawarin da ba a karyawa: wanda ya shigo ƙarƙashin rufinka ya zama amanarka. Mu ma ai muna cewa baƙonka annabinka.

Wani yaro ɗan shekara 17, Refik Veseli, yana koyon ɗaukar hoto a Tirana, a shagon da wani Bayahude ɗan gudun hijira, Moshe Mandil, yake aiki. Da Jamusawa suka mamaye ƙasar a 1943, Refik ya nemi izinin iyayensa, Vesel da Fatima, ya kwashi iyalin Mandil zuwa garinsu Kruja a cikin duwatsu. Manyan suka ɓuya a ɗaki. Yaran biyu, Gavra da Irena, aka sa musu kayan ƙauye suka saje da yaran gida, suna wasa a waje. Haka suka zauna har aka kori Jamusawa a ƙarshen 1944. Albaniya ta fita daga yaƙin da Yahudawa fiye da waɗanda ta shiga da su.

A Sarayebo ta Bosniya, Derviš Korkut, masani mai kula da littattafan gidan tarihi, ya kawo wata budurwa Bayahudiya, Mira Papo, gidansa. Shi da matarsa suka sa mata lulluɓi, suka ce wa mutane 'yar aikinsu ce Musulma. A birnin Balin kansa, babban birnin Jamus, a ƙarƙashin hancin Hitila, wani likita ɗan Masar, Mohamed Helmy, ya ɓoye wata yarinya mai suna Anna Boros har yaƙi ya ƙare.

Waɗannan ba su karanta wani littafi daban da namu ba. Sun san ayar da ta ce wanda ya raya rai guda kamar ya raya mutane ne baki ɗaya. Sun san Ummu Hani ta ba mushirikai mafaka ranar buɗe Makka, Manzon Allah, sallallahu alaihi wa sallam, ya tabbatar mata da mafakar.

Mu ma ba sai mun tsallaka teku ba. A watan Yunin 2018, a ƙauyen Nghar da ke ƙaramar hukumar Barikin Ladi a Filato, Liman Abdullahi Abubakar, dattijo mai shekara sama da tamanin, ya buɗe masallacinsa da gidansa ga mutum 262 da ake bi za a kashe, yawancinsu Kiristoci. Ya tsaya a ƙofa ya ƙi ba da su. Duk mun yi alfahari da shi, har da masu irin bakin saurayin nan. To me ya raba Liman da Irena Sendler, in ba sunan waɗanda ke bayan ƙofar ba?

Inda masu suka suke da gaskiya

Ba duk wanda ya ɓoye yaro ne waliyyi ba, kuma ba na son a mayar da labarin tatsuniya. Akwai waɗanda kuɗi suka karɓa, da kuɗin ya ƙare suka kori yaron. Akwai waɗanda suka mayar da yaran bayi a gona. Akwai kuma waɗanda suka so yaran da gaske, amma suka ƙi mayar da su ga danginsu.

Shari'ar da ta fi shahara ita ce ta wasu 'yan'uwa biyu a Faransa, Robert da Gérald Finaly. An kashe iyayensu a Auschwitz. Matar da ta riƙe su a Grenoble ta ƙi miƙa su ga gwaggonninsu, ta sa aka yi musu baftisma a 1948, har aka tsallaka da su Sifaniya a ɓoye don guje wa hukuncin kotu. Sai a 1953 aka mayar da su ga danginsu. Ta ceci ransu, wannan babu musu. Amma amana aka ba ta, ta mayar da ita mallaka. Duk Bahaushen da ya san riƙo ya san bambancin: ɗan riƙo ɗanka ne a ci da sha da tarbiyya, amma ba ka goge masa sunan ubansa.

A nan ne Irena Sendler ta fi burge ni, fiye ma da batun akwati da bulo. Tana rubuta sunan kowane yaro na gaskiya, da sabon sunansa, da inda aka kai shi, a kan 'yan siraran takardu, don wata rana a mayar da shi ga nasa. A Oktoban 1943 'yan sandan ciki na Gestapo suka kama ta, suka azabtar da ita a kurkukun Pawiak, suka yanke mata hukuncin kisa. Ba ta ba da suna ko ɗaya ba. Ƙungiyarsu ta ɓoye, Żegota, ta ba wani mai gadi cin hanci aka sake ta. Bayan yaƙi aka fito da sunayen, sai aka tarar yawancin iyayen sun ƙare a Treblinka. Ta rayu har 2008, ta rasu tana da shekara 98.

Sukar ƙarshe ita ce ta adadi. Cibiyar Yad Vashem da ke Ƙudus, wadda aka kafa don tunawa da Yahudawan da aka kashe, ta tantance mutum sama da dubu 28 da suka ceci Yahudawa, a nahiyar da ke da ɗaruruwan miliyoyin mutane. A Holan kaɗai, cikin Yahudawa kimanin dubu 140, an kashe sama da dubu 100. Wani zai ce to me aka tsinana, ɗigon ruwa a cikin rairayi?

Su kansu masu ceton ba su musa ba. A Amstadam akwai wani gidan wasan kwaikwayo da Jamusawa suka mayar wurin tara mutane kafin a loda su a jirgi. Yaran kuwa ana ajiye su a gidan reno da ke tsallaken titi, a hannun wata mata, Henriëtte Pimentel. Gidan renon yana maƙwabtaka da kwalejin horon malamai, shugabanta Johan van Hulst. Ta kan shingen bayan gida ake miƙo masa yara, ya ajiye su a aji, sannan a fitar da su cikin kwanduna da buhuna. Wani lokaci sai an jira jirgin cikin gari ya gifta ya tare wa masu gadi gani, sannan a fita da yaro a bi gefensa. Wani ma'aikaci, Walter Süskind, yana goge sunayensu daga rajista. Yara wajen 600 suka tsira ta wannan hanya. Pimentel kuwa an kashe ta a Auschwitz a 1943.

A watan Satumban shekarar aka samu labarin za a kwashe gidan renon gaba ɗaya. Van Hulst ya shiga ya tarar da yara tsaitsaye, kusan ɗari, kuma ya san waɗanda ya bari ba za su rayu ba. Ya ɗauki goma sha biyu. Ya rayu har shekara 107, ya yi siyasa, ya sha lambobin yabo, amma idan aka tambaye shi ranar nan, abin da yake cewa shi ne daga baya ya riƙa tambayar kansa me ya hana shi ɗaukar goma sha uku.

Jiya na koma teburin mai shayi da hoton cokalin Elżbieta a wayata. Saurayin bai zo ba. Mai shayi ya ce ya tafi ƙauye, matar yayansa ta haihu, jibi suna.